Pilar Miró: Daraktar talabijin da Sifaniya ta kai kotu sau biyu

Sau biyu aka gurfanar da Pilar Miró a ƙasarta Sifaniya, sau biyun kuma ta fita ba a same ta da laifi ba. Na farko a 1980 ne, lokacin da kotun soji ta tuhume ta da cin mutuncin jami'an tsaro saboda wani fim da ta ba da umarni. Na biyu ya samo asali a 1988, tana shugabar gidan rediyo da talabijin na ƙasa, aka zarge ta da sayen tufafi da kuɗin gwamnati.

A shari'ar farko, masu kaki ne suka taso mata. A ta biyu kuwa, gwamnatin jam'iyyarta ce ke kan mulki, kuma 'yan jam'iyyar da yawa suka naɗe hannu suna kallo.

Tsakanin shari'o'in biyu, wannan mata ta riƙe kujeru biyu mafiya girma da mai harkar fim zai iya riƙewa a ƙasar: shugabancin hukumar fina-finai, sannan shugabancin RTVE, wato hukumar rediyo da talabijin ta gwamnati. Shi ya sa tarihinta ke amsa wata tambaya da ake yawan yi a duk inda masu fasaha ke hulɗa da masu mulki: shin ya dace mai sana'a ya ajiye kyamara ya karɓi muƙamin gwamnati?

A nawa ra'ayin, ta yi daidai da ta karɓa. Ta yi kurakurai a kan kujerar, kuma zan kawo su. Amma hukuncin da jama'a da 'yan siyasa suka yanke mata ya fi laifin girma nesa ba kusa ba, kuma abin da ya cece ta a ƙarshe shi ne ta iya aikinta tun kafin a ba ta ofis.

Yadda ta koyi aikin

An haifi Pilar Miró a Madrid ranar 20 ga Afrilun 1940, shekara guda bayan ƙarshen yaƙin basasar Sifaniya, a gidan soja. Ta karanta shari'a da aikin jarida, daga baya ta shiga makarantar koyon aikin fim ta gwamnati.

A farkon shekarun 1960 ta samu aiki a TVE, gidan talabijin na ƙasa, wanda ya fara watsa shirye-shirye a kai a kai a watan Oktoban 1956. A lokacin shi kaɗai ne a ƙasar. Duk wanda ya kunna akwatin talabijin a Sifaniya, abin da TVE ta zaɓa masa zai kalla, kuma abin da TVE ke zaɓa sai ya bi ta hannun masu tace shirye-shirye na gwamnatin Janar Francisco Franco.

Ya kamata mai karatu ya san halin da mata ke ciki a wancan zamani. Har zuwa 1975, dokar Sifaniya ta tanadi cewa matar aure sai da izinin mijinta za ta buɗe asusun banki ko ta sa hannu a kan yarjejeniyoyi da dama. A irin wannan yanayi ne Miró ta tashi daga ƙaramar ma'aikaciya ta zama darakta, tana ba maza umarni a ɗakin ɗaukar shiri. Ana lissafa ta cikin matan farko da suka yi wannan aiki a gidan.

Aikin daraktan talabijin a lokacin ya sha bamban da na daraktan fim. Yana zaune ne a ɗakin sarrafa hoto, gabansa allo-allo, kowanne na nuna abin da wata kyamara ke gani. Shi zai ce a ɗauki wannan, a bar waccan, a matso kusa da fuskar wance, duk cikin daƙiƙoƙi. Kuɗi kaɗan ne, lokaci ƙanƙani, kuma sati mai zuwa akwai wani shirin yana jira.

A nan ta goge. Ta ba da umarnin wasanni a shirye-shirye irin su Novela, wanda ke mayar da littattafan labari wasan kwaikwayo kashi-kashi, da Estudio 1, wanda ke kawo wasannin dandamali zuwa talabijin. Shekara da shekaru tana karanta manyan marubuta tana neman hanyar da za ta sa talaka ya fahimce su a falonsa.

A 1975, shekarar da Franco ya mutu, aka yi mata babbar tiyatar zuciya. A 1976 ta fitar da fim ɗinta na farko na sinima, La petición. Tun daga lokacin ta rayu da sanin cewa zuciyarta ba mai ƙwari ba ce, kuma hakan ya bayyana a ayyukanta. Fim ɗinta na 1980, Gary Cooper, que estás en los cielos, labarin wata daraktar talabijin ne da ke shirin shiga ɗakin tiyata ba ta san ko za ta fito ba.

Makiyayin da bai mutu ba

Fim ɗin da ya ja mata tuhumar farko ya ginu ne a kan labarin gaskiya.

A 1910, wani makiyayi mai suna José María Grimaldos ya ɓace a wani ƙauye a lardin Cuenca, bayan ya sayar da tumakinsa. Danginsa suka zargi mutum biyu, Gregorio Valero da León Sánchez, da kashe shi don su ƙwace kuɗin. Da farko aka rufe maganar saboda babu hujja. A 1913 wani sabon alƙali ya sake buɗe ta, aka kama mutanen biyu.

Jandarmomin ƙasar, waɗanda ake kira Guardia Civil, suka azabtar da su har kowannensu ya amsa laifin da bai aikata ba. Ba a ga gawa ba, amma a 1918 kotu ta ɗaure kowannensu shekara 18. Sun shafe kimanin shekara 12 a tsare kafin a sake su.

A 1926 gaskiya ta yi halinta. Limamin cocin wani gari ya rubuto wasiƙa yana neman takardar baftismar Grimaldos, domin mutumin yana son ya ɗaura aure. Ashe yana raye, ƙaura kawai ya yi. A shekarar Kotun Ƙoli ta soke hukuncin.

Babu wanda ya ƙirƙiri wannan labari. Yana cikin takardun kotu, jaridun lokacin kuma sun buga shi. Abin da Miró ta yi a 1979, a fim ɗin El crimen de Cuenca, shi ne ta ƙi kawar da kyamara a lokacin azabtarwar. Mai kallo ya ga duka, ya ga ana cire farce, ya ga yadda ake karya mutum har ya yi wa abokinsa ƙazafi. Kuma ya ga kakin waɗanda ke yin aikin.

Kotun soji a zamanin dimokuraɗiyya

A takarda, babu abin da zai hana fim ɗin fita. Tun a ƙarshen 1977 aka soke dokar tace fina-finai, kuma kundin tsarin mulkin 1978 ya tabbatar da 'yancin faɗin albarkacin baki. Amma a ƙarshen 1979 aka riƙe lasisin nuna fim ɗin, a farkon 1980 hukumomin soji suka ba da umarnin ƙwace shi, a watan Afrilu kuma kotun soji ta tuhumi daraktar da cin mutuncin Guardia Civil.

Me ya haɗa farar hula da kotun soji? Guardia Civil runduna ce mai tsarin soja, kuma dokar da aka gada daga zamanin Franco ta ba kotunan soji ikon hukunta duk wanda ya zagi rundunar, ko da kuwa ɗan jarida ne ko mai fim. An canza kundin tsarin mulki, amma tsofaffin dokokin suna nan a aljihun tebur, masu amfani da su kuma suna kan kujerunsu.

Duk da haka an nuna fim ɗin a bikin fina-finai na Berlin a Jamus a watan Fabrairun 1980. Baƙi suka kalli abin da aka hana 'yan ƙasa kallo.

A ƙarshen 1980 majalisa ta gyara dokar shari'ar soji, aka mayar da irin waɗannan ƙararraki kotunan farar hula. Kafin a kammala, sai wani abu ya faru da ya fallasa raunin tuhumar baki ɗaya. Ranar 23 ga Fabrairun 1981, Laftanar Kanar Antonio Tejero na Guardia Civil ya kutsa zauren majalisar dokoki da mutanensa ɗauke da bindigogi, suka yi harbi sama, suka yi garkuwa da 'yan majalisa a yunƙurin juyin mulki. Wata kyamarar TVE ta ci gaba da ɗauka, washegari duniya ta gani.

Tambayar da ta rage wa kowa ita ce: wa ya fi zubar wa rundunar mutunci, matar da ta nuna abin da ya faru a 1913, ko hafsan da ya ɗaga bindiga a majalisa?

Yunƙurin ya ci tura. A watan Maris aka kori ƙarar Miró, a watan Agusta fim ɗin ya fita, ya kuma shiga sahun waɗanda suka fi samun masu kallo a shekarar. Haramcin ya zama talla kyauta. Amma kada wannan ya rufe mana ido: matar ta shafe kusan shekara guda tana fargabar kurkuku, ga ciwon zuciya, kuma a tsakiyar wannan dambarwa ta haifi ɗanta. Nasarar da ta zo daga baya ba ta biya ta waɗannan watanni ba.

Ranar da aka miƙa mata makulli

A watan Oktoban 1982 jam'iyyar gurguzu ta PSOE ta lashe zaɓe da gagarumin rinjaye, Felipe González ya zama firaminista. Miró 'yar jam'iyyar ce, kuma ta taimaka masa wajen koyon fuskantar kyamara a yaƙin neman zaɓe. A ƙarshen shekarar aka naɗa ta shugabar sashen fina-finai a ma'aikatar al'adu.

Matar da gwamnati ta ƙwace wa fim shekara biyu da suka wuce, yanzu ita ce mai tsara wa masu fim doka.

A watan Disambar 1983 aka fitar da dokar da har yau ake kira da sunanta, Dokar Miró. An kwaikwayi tsarin Faransa ne. Kafin lokacin, mai shirya fim sai ya nemi kuɗinsa ya gama, sannan gwamnati ta ba shi wani kaso gwargwadon cinikin da ya yi. Sabuwar dokar ta ce wani kwamiti zai duba labari da kasafi da ma'aikata, idan ya gamsu sai a ba da tallafi tun kafin a fara ɗauka, wanda zai iya kaiwa rabin kuɗin fim ɗin.

Manufarta a fili take. Tana son a rage yawan fina-finan sha-yanzu-magani-yanzu, a samu kaɗan masu inganci da za su iya tsayawa a bukukuwan duniya. Kuma an gani. A wannan zamani fina-finan Sifaniya suka riƙa samun lambobin yabo a waje. A 1984, alal misali, jarumai biyu na fim ɗin Los santos inocentes na Mario Camus, wato Alfredo Landa da Francisco Rabal, suka raba kyautar gwarzon jarumi a bikin Cannes na Faransa.

Sai dai a nan ne kuskurenta na farko yake. Daga sama da fim 100 a shekara a farkon shekarun 1980, adadin ya faɗo zuwa kusan rabin haka a ƙarshensu. Waɗanda suka fi shan wahala su ne masu fina-finan barkwanci da na ban tsoro da sauran na talakawa, waɗanda ba su da kwarjini a idon kwamiti amma suna ciyar da ɗimbin ma'aikata. Masu suka sun ce furodusoshi sun koma faranta wa kwamiti rai maimakon mai sayen tikiti, wasu kuma suna ƙara wa kasafi gishiri don tallafin ya ƙaru.

Wannan suka tana da tushe. Ƙwararren da ya hau kujera yana da wata cuta ta musamman: yakan ɗauki abin da yake so a matsayin abin da ya dace da kowa. Miró ta taso a kan manyan littattafai da wasannin dandamali, sai dokar ta fifita irin wannan fim ɗin. Ba ta hana kowa aiki da ƙarfin hukuma ba, amma wanda ke riƙe da lalita ba ya buƙatar almakashi.

Duk da haka, wanda zai yi mata adalci zai duba abin da ta tarar. Fina-finan Amurka sun mamaye gidajen sinima, bidiyo na gida ya fara kwashe masu kallo, gidajen kallon suna ta rufewa. Da gwamnati ta zura ido, babu tabbacin cewa ƙananan fina-finan za su tsira. Ta zaɓi hanya, ta sa sunanta a kai, ta kuma tsaya ta kare ta. A zamaninta aka kafa hukumar ICAA, wadda har yau ita ke kula da harkar fim a ƙasar.

Kujerar da ba ta da aboki

Ta bar wannan muƙami a ƙarshen 1985, shekarar da aka sake yi mata tiyatar zuciya. A watan Oktoban 1986 aka naɗa ta shugabar RTVE, gidan da ta fara aiki tana ƙaramar ma'aikaciya.

Babu kujerar da ta fi wannan zafi a lokacin. Tashoshi masu zaman kansu ba su fara aiki ba sai a 1990, saboda haka labaran TVE su ne labaran ƙasa. Dokar 1980 kuma ta ba gwamnati ikon naɗa shugaban gidan. Ma'ana, 'yan adawa na kallon duk wanda ke wurin a matsayin ɗan amshin shata, 'yan jam'iyya mai mulki kuma na kallonsa a matsayin yaronsu da ya kamata ya ji magana.

Miró ba mai jin irin wannan maganar ba ce. An san ta da tsauri da faɗin abu kai-tsaye, kuma ba ta ga maciji da ɓangaren mataimakin firaminista Alfonso Guerra, wanda ke riƙe da ragamar jam'iyya, wanda kuma ake ganin magabacinta a kujerar na kusa da shi ne.

Ta zuba kuɗi a manyan wasannin kwaikwayo na cikin gida, don gidan ya shirya wa gasar da ke tafe. A zamaninta RTVE ta buɗe wani tsohon katafaren wurin ɗaukar fim a Madrid da sunan Estudios Buñuel. A zamaninta ne kuma, a 1988, shirin barkwanci na Javier Gurruchaga ya kawo wani ɗan wasa wada mai kama da Felipe González yana kwaikwayonsa, a tashar gwamnati, firaministan na kan mulki.

Amma ga ɗaya gefen. Shahararren shirin yara da matasa La bola de cristal ya zo ƙarshe a 1988, kuma daraktarsa Lolo Rico ta yi ƙorafin cewa an matsa wa shirin lamba saboda yadda yake zolayar shugabanni. Ga wadda ta ɗanɗani ɗacin ƙwace fim, wannan tabo ne, kuma masoyanta ba su da amsa mai gamsarwa a kai. Laifi tudu ne, in ji Bahaushe.

Ranar 14 ga Disambar 1988 ƙungiyoyin ƙwadago suka yi yajin aikin gama-gari a kan gwamnatin González. Da ƙarfe 12 na dare, ana tsakiyar labarai, ma'aikata suka katse siginar TVE. Allo ya mutu a gidajen ƙasar, kowa ya san yajin ya kankama. A lokacin shugabar gidan tana cikin wata guguwar ta daban.

Rigimar tufafi

A kakar 1988 maganar ta fito: shugabar RTVE ta biya kuɗin wasu tufafi da kayan ado da kyaututtuka daga asusun hukumar. Ɗan majalisar adawa Luis Ramallo ya ɗauki batun ya yi ta bugawa. Jaridu suka shafe makonni suna lissafin riguna.

Hujjarta ita ce, tana wakiltar hukumar a taruka da bukukuwa, don haka ta ɗauki kayan a matsayin kuɗin hidimar ofis. Ta mayar da kuɗin. A watan Janairun 1989 ta bar kujerar. Aka tuhume ta da almundahana, shari'ar ta ja, sai a 1992 wata kotu a Madrid ta wanke ta.

Bari mu faɗi gaskiya a kan wannan: ba ta kyauta ba. Kuɗin jama'a ba na sayen riga ba ne, komai ƙanƙantarsa, kuma 'yan adawa sun yi aikinsu da suka tambaya. Wadda ta karanta shari'a, ta kuma san tana kewaye da masu jiran ta yi tuntuɓe, ya kamata ta nemi ƙa'ida a rubuce kafin ta sa hannu a rasit ko ɗaya. Wannan shi ne kuskurenta na biyu, kuma mai sana'a da ya shiga ofis yakan faɗa cikinsa: ya saba da wurin ɗaukar fim inda maganar darakta ita ce doka, sai ya manta cewa a ofishin gwamnati takarda ce doka.

Amma sakaci daban, sata daban, kuma kotu ta bambance su. Abin da nake ƙalubalanta shi ne girman hukuncin da aka yanke mata a bainar jama'a. An yi mata shari'a a shafukan farko na jaridu kusan shekara huɗu kafin alƙali ya buɗe baki. Da hukuncin ya zo, bai samu rabin amon zargin ba. Har yau, idan aka ambaci sunanta a Sifaniya, akwai waɗanda riguna ne ke fara zuwa musu a rai.

Sannan a duba abin da ya biyo baya. A farkon shekarun 1990 aka bankaɗo badaƙaloli na gaske a gwamnatin, ciki har da ta Luis Roldán, shugaban Guardia Civil, wanda ya tsere daga ƙasar a 1994, aka kamo shi, aka ɗaure shi saboda wawure dukiya mai ɗimbin yawa. Idan aka ajiye wannan kusa da rasitan tufafin Miró, sai a ga inda hayaniya ta tafi da inda ɓarnar take.

Akwai kuma batun jinsi, wanda ba zai ɓoyu ba. Labarin mace da riguna ya fi daɗin yaɗawa da zolaya fiye da labarin kwangila da lambobin asusu. Maƙiyanta sun san da haka. Kuma yadda da yawa cikin 'yan jam'iyyarta suka yi gum ya nuna cewa ga wasunsu, faɗuwar ta zo daidai da zama.

Komawa bayan kyamara

Ɗan siyasar da ya faɗi irin wannan faɗuwa yawanci shi ke nan. Ita kuwa tana da wurin komawa.

A 1991, tuhumar na kanta, ta fitar da Beltenebros, daga littafin Antonio Muñoz Molina. A watan Fabrairun 1992 fim ɗin ya samu lambar yabo ta azurfa a bikin Berlin, garin da aka nuna fim ɗinta da aka haramta shekara 12 kafin nan.

A 1996 ta yi abin da masu kuɗi suka ɗauka wauta ce. Ta ɗauko El perro del hortelano, wasan dandamali da Lope de Vega ya rubuta a ƙarni na 17, ta mayar da shi fim ba tare da ta warware baitocinsa ba. Jarumai suna magana cikin waƙe daga farko har ƙarshe. Jama'a suka cika gidajen kallo, kuma a farkon 1997 fim ɗin ya lashe kyaututtukan Goya guda 7, manyan lambobin yabon fim na ƙasar. Ita ce mace ta farko da ta karɓi Goya ta gwarzon darakta. Abin da ta koya a Estudio 1 shekara 30 baya shi ne ya yi mata rana. Sara da sassaƙa ba ya hana gamji toho.

Talabijin ma ya dawo nemanta. Da gidan sarautar Sifaniya ya tashi aurar da Gimbiya Elena a Seville a watan Maris na 1995, ita aka ba jagorancin watsa bikin kai-tsaye. Ranar 4 ga Oktoban 1997 ta sake zama a ɗakin sarrafa hoto a Barcelona don bikin Gimbiya Cristina. Gidan da ta bari cikin zargi, shi ne ya miƙa mata kyamarorinsa a ranakun da ba a son kuskure ko ɗaya.

Kwana 15 bayan bikin na biyu, ranar 19 ga Oktoban 1997, zuciyarta ta tsaya a gidanta a Madrid. Tana da shekara 57.

Abin da ya rage

Wasu za su ce da ta tsaya a sana'arta, da ta huta, da kuma ta bar mana fina-finai fiye da waɗanda ta bari. Wataƙila. Amma dole wani ya zauna a kan waɗannan kujeru, kuma idan duk wanda ya san aikin ya ƙi, za su faɗa hannun wanda bai taɓa shiga ɗakin ɗaukar shiri ba, wanda cancantarsa kawai biyayya ce. Tsakanin ƙwararre mai kuskure da ɗan amshin shata marar kuskure a takarda, na zaɓi na farko.

Sharaɗin shi ne ƙwararren ya san abin da ke jiransa. Jam'iyyar da ta naɗa shi ba za ta tsaya masa ba ranar da ya ƙi jin magana. Abin da yake so ba shi ne ma'aunin kowa ba. Kuma kowane rasit da ya sa wa hannu yana iya zama makami a hannun wani.

Ita ma ƙasar ta koyi wani abu, ko da a makare. A 2006 aka canza doka, naɗin shugabancin RTVE ya koma hannun majalisa maimakon gwamnati ita kaɗai, ko da yake har yau jam'iyyu ba su daina ja-in-ja a kan gidan ba. Bikin fina-finai na Valladolid kuma yana ba sababbin daraktoci kyauta da sunan Pilar Miró.

Saura namu, masu karatu da masu yaɗa labari a waya. Gregorio Valero da León Sánchez sun yi shekaru garinsu na kiransu masu kisan kai, alhali wanda aka ce sun kashe yana raye. Matar da ta ba da labarinsu ita ma ta yi shekaru ana kiranta ɓarauniya kafin kotu ta ce ba haka ba ne. Idan mun tura labarin zargi ga mutum goma, ranar da hukunci ya fito, mutum goman nan suna bin mu bashin labari na biyu.